Sulhu a wajen kotu, ko sulhun gida?

Kafafen yaɗa labarai sun saba fassara abin da lauyoyi ke kira "out-of-court settlement" da "sulhu a wajen kotu", amma wannan fassara tana da harshen damo. Idan Bahaushe ya ce ya ga wane a wajen kotu, yana iya nufin a harabar kotun ya gan shi, wato kalmar da aka ɗora wa nauyin nuna cewa an bar kotu ita ce kuma take mayar da mai karatu cikinta.

An ba ni shawarar "sulhun bayan fage", na ƙi ta, domin tana ɗauke da warin ɓoye-ɓoye, alhali doka ce da kanta take ƙarfafa sasantawa, har Kano ta buɗe kotun sulhu mai ƙofofi da yawa, wato hanyoyin sasantawa daban-daban, a 2009. Ni dai na fi karkata ga "sulhun gida", tun da abin da ɓangarorin da ke shari'a ke faɗa wa alƙali ke nan: a ba mu dama mu koma gida mu sasanta.

Inda maganar ta fi nauyi shi ne idan an riga an ɗaukaka ƙara. Sulhun gida ba ya kashe ƙarar da ke gaban Kotun Ɗaukaka Ƙara shi kaɗai; sai mai ƙara ya shigar da takardar janyewa, ko kuma ɓangarorin biyu su miƙa sharuɗɗan da suka sa wa hannu, su roƙi kotu ta mayar da su hukuncinta. Idan janyewa kawai aka yi, hukuncin kotun ƙasa yana nan daram, kuma wanda aka saɓa wa alkawari ba shi da makami sai takardar yarjejeniya, wadda ƙila sai ya sake kai ƙara a kanta. Idan kuwa kotu ta karɓi sharuɗɗan, ana iya tilasta aiwatar da su kamar kowane hukunci.

Wannan mataki na biyu yana buƙatar sunansa daban, kuma na zaɓi "hukuncin yardar juna" a kan "hukuncin sulhu", saboda yardar ce take ɗaure mutum. Sashe na 241 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya hana ɗaukaka ƙara kan hukuncin Babbar Kotu da aka yi da yardar ɓangarori sai da izinin kotu, don haka sunan da ya ambaci yarda yana gargaɗin mai sa hannu tun kafin ya ɗauki alƙalami.

Wani lauya ya yi mini gyara cewa kamfanoni ba su da gidan da za su koma, to ta yaya banki da ɗan kwangila za su yi sulhun gida? Gyaran yana da ƙarfi, sai dai "gida" a bakin Bahaushe ya daɗe da wuce ɗaki da zaure, ga rikicin cikin gida na jam'iyya, ga harkokin cikin gida na ƙasa. Malamai masu aikin tafinta a kotuna, wacce kalma kuke amfani da ita a gaban alƙali?