Muhawara kai tsaye ko tallan da za mu biya?

Mai neman shawara: Assalamu alaikum. Ni ke kula da yaɗa labaran wani ɗan takara na ƙaramar jam'iyya, kuma saura mako uku a kaɗa ƙuri'a. Wani gidan talabijin ya gayyace shi muhawara kai tsaye kyauta, sai dai bakinsa yakan sarƙe da zarar kyamara ta fuskance shi. Abin da ya rage mana bai wuce kuɗin tallan kwana biyar ba. Mu amsa gayyatar ko mu tsaya ga tallan?

Ma'abocin rediyo: Wa alaikumus salam. Ku koma rediyo, can masu zaɓe suke.

Tsohuwar jami'ar kamfe: Malam, kada ka yarda da alkawarin gidan talabijin sai a rubuce. A zaɓen da ya wuce mun biya kuɗin hirar rabin awa da ƙarfe tara na dare, muka sanar da magoya baya, suka zauna suna jira, sai ga gangamin jam'iyya mai mulki a madadinmu. Tamu hirar sai ƙarfe biyun dare ta fito, an datse rabinta, kuma ko sisi ba a mayar mana ba. Har gobe abin yana yi mini ciwo.

Dillalin talla: Hajiya, wataƙila wani ya ɗora a kan kuɗinku, domin a lokacin kamfe farashin talla ninkawa yake yi.

Tsohuwar jami'ar kamfe: Mu kuwa ragi aka yi mana, saboda mun sayi mako guda a dunƙule.

Malamin tarihi: Fuska tana da tasiri a talabijin. A muhawarar 'yan takarar shugabancin Amurka ta 1960 Nixon ya bayyana a gajiye yana gumi, abokin karawarsa Kennedy kuwa a natse, kuma har yau ana kafa misali da wannan daren.

Dillalin talla: Allah gafarta Malam, wannan karatu ne. Wanda bai taɓa ciniki da gidan talabijin ba, shawararsa ta biyo bayan tamu.

Ma'abocin rediyo: To, a saya wa ɗan takarar hoda da hankici, magana ta ƙare.

Malamin tarihi: Abin da ya sami Hajiya shi ne babbar matsalar. A Birtaniya an haramta tallan siyasa na kuɗi a talabijin, ana ware wa jam'iyyu lokaci kyauta. Dokar Zaɓen Najeriya ta 2022 ma ta wajabta raba lokaci daidai tsakanin 'yan takara.

Tsohuwar jami'ar kamfe: Mun rubuta takardar koke mun kafa hujja da raba daidai ɗin nan, amma sai da aka rantsar da wanda ya ci ba mu sami amsa ba. Akwai wanda ya taɓa kai irin wannan ƙara aka saurare shi?