Bin sawun Colette Audry a fina-finan Faransa

Masu nazarin tsofaffin fina-finai sun tattauna kan yadda za a gano aikin Colette Audry (1906-1990) a harkar fim, tunda an fi saninta da adabi da siyasa. Ga abin da aka tsinta.

Shawarar da ta fi samun goyon baya ita ce a fara da sunayen da ke fitowa a farkon fim ɗin kansa. A Faransa ta wancan zamani ana raba aikin gida uku: mai ƙirƙirar labari, mai mayar da shi fim, da mai rubuta maganganun 'yan wasa. Audry ce ta rubuta maganganun La Bataille du rail na René Clément a 1946, amma sunan darakta kaɗai ake yawan ambata. Haka ta yi aiki da ƙanwarta, darakta Jacqueline Audry, a Les Malheurs de Sophie da Olivia na 1951.

Wasu suka ce a duba mujallun lokacin, musamman L'Écran français da Cinémonde, sannan ɗakin karatun Cinémathèque française da ke Faris, inda ake adana rubutattun labaran fim.

An kuma ja kunne kan sunaye. Mata da dama sun yi aiki da sunan aro ko na aure. Françoise Giroud ma, 'yar jarida kuma marubuciyar labaran fim, ba sunanta na yanka ba ne. Jerin fina-finan intanet kuwa, a ganina, kwafar juna suke yi, har da kurakurai, don haka a tantance kafin a dogara da su.