"Ya fi jan kibrit wuyar samu": wai mene ne jan kibrit ɗin nan?

Jikan Malam:
Assalamu alaikum jama'a. Dan Allah akwai wata magana da ta tsaya min a rai tun rasuwar kakana, Allah ya jiƙansa. In ana hira aka zo kan maganar amana sai ya girgiza kai ya ce "mai riƙon amana ai ya fi jan kibrit wuyar samu". Tun ina yaro nake jin ta a bakinsa, ban taɓa tambayarsa ba saboda gani nake kamar kullum yana nan, yanzu ga shi ina so in faɗa wa yarana amma in suka ce Baba mene ne kibrit ba ni da amsa. Abu biyu nake son sani, shi jan kibrit ɗin mene ne, sannan maganar yabo ce ko ta yanke ƙauna? Wato yana nufin akwai su amma kaɗan, ko kuwa babu su sam?

Ɗalibin Lugga:
Wa alaikumus salam, Allah ya gafarta wa Malam. Daga jin maganar ka san mutumin zaure ne, domin asalinta Larabci ce, "a'azzu minal kibritil ahmar", wato ya fi jan kibrit ƙaranci da daraja. Kibrit shi ne abin da muke cewa farar wuta, malamai ne suka riƙe sunan Larabcin, wasu su ce kibrit wasu kibiritu. Karin maganar tsoho ne sosai, Almaidani wanda ya rasu shekara ta 518 bayan hijira ya kawo shi a littafinsa na karin maganganun Larabawa, kuma tun a can ya kawo ƙauli biyu, wasu sun ce jan zinare ake nufi, wasu sun ce abu ne da ba a samunsa sai dai a ambace shi da baki. Ka ga tambayarka ta biyu ta fi shekara 900 ana yin ta kenan.

Maman Biyu:
Toh ni nan ne ban gane ba Malam. Farar wuta ai rawaya ce, kuma ba wani abin wahala ba ne, da ita ake haɗa albarushi, da ita ake maganin ƙazuwa. Ina ga kawai kamar mutum ya ce baƙin nono ne ko neman jini a jikin fara, an ɗauko abin da kowa ya san launinsa an ba shi launin da ba nasa ba don a nuna babu shi. In haka ne kakanka cewa yake amana ta ƙare a duniya, kuma wallahi ban ga laifinsa ba.

Malamar Kimiyya:
Yaya ki yi haƙuri, farar wuta tana yin ja, da idona nake gani duk shekara in na zo koyar da wannan darasin. Ki zuba garinta a kwalbar gwaji ki ɗora a wuta kaɗan-kaɗan, wajen digiri 115 na ma'aunin Selsiyos za ta narke ta zama ruwa rawaya mai tsinkewa, ki ci gaba da ba ta wuta, tana wuce digiri 160 sai ki ga launin ya juye ya koma ja mai duhu kuma ta yi kauri ta kama danƙo har ki kifa kwalbar ba za ta zubo ba. Abin da ke faruwa shi ne ƙwayoyinta a zobe-zobe suke, takwas-takwas, zafi ne ke ɓalle zoben su haɗu su zama dogayen sarƙoƙi su sarƙe da juna. Yara in suka gani shiru suke yi tsit. Amma ga inda abin yake, jan ba ya zama. Kina sauke ta ta huce, a hankali za ta koma rawayarta. A dutsen Ijen mai aman wuta a Indonesiya ma haka take fitowa daga bututu, ja kamar jini, kafin masu haƙa su farfasa ta su loda a kwando ta riga ta daskare ta zama rawaya. Ni a fahimtata mutanen da sun ga jan kibrit da idonsu, abin da ya gagare su shi ne su riƙe shi a jansa. Wannan kuwa ya dace da amana ƙwarai, kowa yana da ita lokacin da ake kallonsa.

Mai Duwatsu:
Malama bayaninki ya yi, amma akwai dutse na gaske da aka taɓa kira da kusan wannan sunan. Masu ilimin ma'adinai na Turai a da suna kiran wani jan dutse da sunan da ma'anarsa ita ce kibrit mai launin yaƙutu, yanzu an daina, sunansa riyalga. Haɗin kibrit ne da asenik, gubar nan mai kisa. Shi kansa sunan riyalga daga Larabci ya fito, "rahjul gar", ƙurar kogo. Na taɓa riƙe shi muna karatu, a cikin akwati mai murfi ake ajiye shi a rufe, ja ne mai sheƙi kamar an daskarar da wuta, laushi gare shi har farce yana iya karce shi, kuma malaminmu bai bari mu daɗe da shi a buɗe ba domin haske yana cinye shi, in ya jima a rana sai ya ruɓuɓɓushe ya koma gari rawaya. Ba ko'ina ake samunsa ba, sai wuraren maɓuɓɓugar ruwan zafi da duwatsu masu aman wuta da wasu ramukan haƙar ma'adinai. Ja ne, akwai kibrit a cikinsa, yana da wuyar samu. Me ya rage?

Ɗalibin Lugga:
Abin da ya rage yallaɓai shi ne Larabawa sun san wannan dutsen naka kuma suna da sunansa daban, zarnik, akwai ja akwai rawaya, masu zane da masu magani suna amfani da shi. Haka jan dutsen da ake fitar da zaiba daga cikinsa, shi ma haɗin kibrit ne, zunjufur suke ce masa, irin wanda aka yi shekaru aru-aru ana haƙa a Almaden ta ƙasar Sifen. Mutum ba zai buga misalin abin da ya gagara da kayan da yake da sunansa kuma ake sayarwa ba. Tsofaffin ƙamusoshin Larabci cewa suka yi ma'adinin jan kibrit yana can bayan ƙasar Tibet a kwarin tururuwa da Annabi Sulaiman alaihis salam ya ratsa, ka ga an kai shi inda ƙafa ba ta zuwa kenan. Waɗanda suka fi damuwa da shi masu alkimiya ne, masu neman mai da dalma da tagulla zinare. A karantarwar da ake jingina wa Jabir ɗan Hayyan, babban malamin alkimiya, duk ƙarafa daga auren kibrit da zaiba suke a cikin ƙasa, in kibrit ɗin mai datti ne a samu dalma ko baƙin ƙarfe, in tsarkakakke ne matuƙa a samu zinare. Wannan tsarkakakken shi ne ja, shi ne suke kira iksir, maganin da ɗan ƙanƙaninsa zai juya tulin dalma guda ya zama zinare. Sun ƙarar da rayuwarsu da dukiyarsu a gaban murhu ba wanda ya samu, kuma ba za a samu ba, domin kibrit sinadari ne mai zaman kansa na 16 a jadawalin sinadarai, zinare na 79, dahuwa ba ta mai da wani wani.

Mai Duwatsu:
Na yarda da maganar zarnik, ban yi tunanin ta wannan fuskar ba. Amma ban janye duka ba, ina ganin ganin irin waɗannan jajayen duwatsu ne ya sa mutane suka yarda cewa akwai wani can da ya fi su.

Ɗan Autan Gida:
Yayyena ko dai shi ne jar zaiba da ake cewa tana cikin tsohon keken ɗinki da tsohuwar rediyo? Na ji ana cewa masu kuɗi suna nema ido rufe

Malamar Kimiyya:
A'a ƙanena, dan Allah ka kiyaye. Jar zaiba damfara ce tsagwaronta, babu wani sinadari haka. A 2009 jita-jitar ta tashi a Saudiyya cewa tana cikin tsofaffin kekunan ɗinki na Singer, mutane suka yi ta rububin saye har ana fasa shagunan teloli, ba a sami ko ɗigo ba. Kar a haɗa ta da maganar malamai, su misali suka buga, ba su ce wa kowa ya kawo kuɗi ba.

Dattijo:
'Ya'yana kun yi ƙoƙari, Allah ya ƙara sani. Amma duk kun tafi wajen dutsen kun bar mutumin. Mu da muka ji maganar a bakin malamanmu ba a faɗinta a kan kaya, ba za ka ji an ce doki ko riga ta fi jan kibrit ba, a kan mutum ake faɗa, ko a kan hali, ko ilimi. Kuma yabo ne mafi girma. Shehu Ibn Arabi wanda aka haifa a Andalus a 1165 ya rasu a Dimashƙa a 1240, laƙabinsa a wajen sufaye shi ne Kibritul Ahmar, har Imam Sha'arani na Misra ya sa wa littafin da ya tattara ilimin Shehun wannan sunan. To za a yi wa mutumin da aka gani aka zauna da shi laƙabi da abin da babu? Abin da suke nufi shi ne abin da ɗana mai lugga ya faɗa bai ƙarasa ba, wato aikin jan kibrit. Ba ƙarancinsa kaɗai ba ne darajarsa, ai abubuwa da yawa suna da ƙaranci ba su da amfani. Darajarsa ita ce in ya taɓa dalma ta zama zinare. Mutumin da za ka zauna da shi wata uku ka ga ka daina ƙarya ba tare da ya taɓa yi maka wa'azi ba, ka ji kunyar cin haƙƙin wani don kawai ka san shi, wannan shi ake ce wa jan kibrit. Na ga mutum biyu haka a rayuwata, ɗaya ma bai yi karatu mai zurfi ba.

Maman Biyu:
Baba Allah ya ƙara girma, na ji, amma laƙabi daban karin magana daban. In an ce wane jan kibrit ne, yabo ne ba musu. In kuma an ce mai amana YA FI jan kibrit wuyar samu, kuka ake yi da zamani. Kalmar "ya fi" ɗin nan ita ce ta raba su. In abin da aka gwada da shi babu shi, to wanda ya fi shi wuya fa?

Ɗalibin Lugga:
Hajiya wannan lura ce mai kyau wallahi. Sai dai kalmar Larabcin "a'azzu" tana ɗauke da ma'ana biyu a tare, ƙaranci da kuma izza, wato daraja. Da aka juyo ta Hausa aka ce "wuyar samu" rabin ne ya tsallako, shi ya sa take yi miki amon kuka. Da ni ne zan ce ya fi jan kibrit tsada, domin tsada a bakinmu tana ɗaukar duka biyun, ai muna cewa ganinka ya yi tsada.

Ɗan Autan Gida:
Ni dai tambayata, in sai an yi wannan dogon bayanin kafin a gane, anya maganar ba ta mutu ba? Na ji ma yanzu a Larabci in ka ce kibrit ashana za a miƙo maka

Malamar Kimiyya:
Gaskiya ne, haka Turkawa, haka masu Suwahili da suke cewa kiberiti, duk ashana ce, saboda da kibrit ake yin kanta. Ita farar wutar ma yanzu tsibi-tsibi take a matatun mai da gas, cire ta ake yi daga man don kar ta gurɓata iska. Amma ƙanena kai ma kana cewa ba ni da ko anini, ka taɓa kashe anini? Kalma tana iya fita daga hannu ta zauna a cikin karin magana. Ni dai daga yau in na zo darasin nan zan faɗa wa ɗalibai maganar daidai lokacin da kwalbar ta yi ja.

Jikan Malam:
Na gode ƙwarai jama'a, Allah ya saka. Jiya da daddare na karanta wa mahaifiyata duk abin da kuka rubuta, da na zo kan maganar Baba Dattijo sai ta ce in dakata. Ta ce maganar tana da mai ita. Wai lokacin da kakan namu zai tafi neman ilimi yana saurayi ya bar wa wani maƙwabcinsu littattafansa da 'yan kuɗin da ya gada a ɗaure cikin tsumma, da niyyar shekara biyu, sai ya yi goma sha ɗaya ba wasiƙa ba saƙo har wasu suka ce ya mutu. A tsakanin nan mutumin ya yi gobara ya rasa kusan komai, 'ya'yansa suka sha wuya. Ranar da Malam ya dawo, kafin ya gama gaisawa da mutane sai ga shi da ƙunshin a ka, ya ajiye ya ce duba ɗaurinka. Ƙullin da Malam ya yi da hannunsa ne, igiyar har ta ci jikin tsumman, gefe ɗaya ya yi baƙi da hayaƙi domin shi ya fara fitarwa daren gobarar. Mama ta ce duk lokacin da Malam ya faɗi maganar jan kibrit akwai ƙarashen da yake yi a hankali wanda mu yara ba ma ji, sai ya ce "amma ni na gani".

Maman Biyu:
Allahu akbar. Allah ya jiƙansu su biyun. In za ka faɗa wa yaranka ka haɗa da ƙarashen, kuma ka tambayi Mama sunan mutumin tun tana tunawa.