Ɗiyata ta kafe sai ta zama 'yar sama jannati, ku ba ni shawara

Uwar ɗiya: Assalamu alaikum 'yan uwa. Ɗiyata ta fari tana aji biyu a babbar sakandare, kuma tun tana firamare ba ta da zance sai na sararin samaniya. Da na ɗauka ƙuruciya ce. Jiya da dare ta nuna mini bidiyon dawowar Suni Williams da Butch Wilmore a Maris ɗin 2025, 'yan sama jannatin da suka tafi tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa da niyyar kwana takwas, suka ƙare da kwana 286. Ita murna take yi, ni kuwa abin da idona ya gani shi ne an ciro mace daga kumbo, an tallafe ta zuwa gadon ɗaukar marasa lafiya. Wallahi ban runtsa ba. Me tafiyar nan take yi wa jiki? In taka mata birki tun yanzu?

Malamin kimiyya: Wa alaikumus salam Hajiya. Ɗaukar nan da kika gani ƙa'ida ce, duk wanda ya daɗe a can haka ake yi masa. Amma tafiyar tana taɓa jiki sosai. A tashar, wajen kilomita 400 sama da mu, jiki ba ya jin nauyinsa. Ƙashin ƙugu da na ƙafafu, da suka saba ɗaukar mutum, sai su riƙa zaizayewa, kusan kashi 1 cikin 100 duk wata. Ruwan jiki ya haura kai, fuska ta kumbura, hanci ya toshe kamar na mai mura, ƙafafu su sirance. Wasu har ganinsu yana raguwa. Scott Kelly ya yi kwana 340 tsakanin 2015 da 2016, tsawonsa ya ƙaru saboda gaɓoɓin bayansa sun saki, bayan ya sauko ya koma yadda yake. Saboda zaizayar ƙashi da tsoka ne kullum sai sun yi atisayen wajen awa biyu, ciki har da gudu a ɗaure da igiyoyi a kan injin gudu.

Ma'aikaciyar jinya: Yaya, mu muna ganin irinsa a asibiti. Majiyyacin da ya yi sati uku a kwance, ranar da muka miƙar da shi jiri ke ɗibarsa, cinyoyinsa sun zube. Tsoka tana dawowa da motsa jiki, ƙashi ne mai nawa, yakan ɗauki shekaru. Ni abin da ya fi damuna shi ne haskoki masu cutarwa da ke can, don suna ƙara haɗarin kamuwa da sankara. Ki faɗa mata wannan ɓaro-ɓaro, kada ki ɓoye.

Wani uba: Hajiya kada ki hana ta. Hanyar ta lissafi ce da kimiyya da likitanci, shekaru masu yawa. Sheikh Muszaphar Shukor na Malesiya, da ya je a azumin 2007, likitan ƙashi ne. Ko ba ta je ba, karatun yana hannunta.

Uwar ɗiya: Na gode, Allah Ya saka da alheri. Saura guda: haihuwa fa?

Ma'aikaciyar jinya: Valentina Tereshkova ta je a 1963, ta haifi 'ya mace a 1964. Sai dai tafiyarta ba ta wuce kwana uku ba, kada ki gwada ta da wadda ta yi wata tara a can. Ki zauna da yarinyar yau, ku karanta amsoshin nan tare.