Zanen zamani da mulkin kama-karya: abin da aka yi ta nanatawa

Shawarar da ta fi fitowa a wata tattaunawa kan alaƙar fasahar zamani da mulkin kama-karya ita ce kada a yi wa masu fasahar zamani ta Turai kuɗin goro. Wasunsu sun bi 'yan kama-karya da ƙafarsu. Marinetti, marubuci ɗan Italiya wanda ya fitar da sanarwar kafa salon fasaha na Fiyucurizim a 1909 yana yabon gudu da injina da yaƙi, yana wurin da Musolini ya kafa ƙungiyarsa ta 'yan Fasist a Milan a 1919. Ezra Pound kuwa, marubucin waƙoƙi ɗan Amurka, ya yi ta farfaganda a rediyon Rum lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, har sojojin Amurka suka tsare shi a keji kusa da Pisa a 1945.

Amma an ja kunnen masu saurin yanke hukunci da misalin Jamus. A 1937 'yan Nazi suka baje zane-zane kusan 650 a Munik da sunan "gurɓatacciyar fasaha", aka cunkushe su a bango, wasu ko firam babu, aka yi rubutun ba'a a gefensu. Abin mamaki, har da ayyukan mai zane Emil Nolde, alhali shi kansa ɗan jam'iyyar ne. A ganina nan ne darasin ya fi nauyi, domin biyayyarsa ba ta hana su haramta masa sana'ar zane a 1941 ba.

Ga mai koyarwa, an ce ya ajiye aikin da tarihin mai shi a gaban ɗalibai tare, kada ya ɓoye ƙiyayyar Pound ga Yahudawa don waƙarsa ta yi daɗi. Batun Tarayyar Sobiyat, inda aka wajabta wa masu fasaha salo guda a 1934, an taɓa shi ne sama-sama.