Nasarar Xabi Alonso a Jamus: gwanintar koci ce ko dacen 'yan wasa?

Ɗan Kurna:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Akwai wata muhawara da ta ƙi ƙarewa tsakanina da abokaina a gidan kallon unguwarmu, shi ne na ga ya dace in kawo ta gaban masana. Su suna ganin cewa abin da Xabi Alonso ya yi a Bayer Leverkusen a kakar 2023/24, wato lashe gasar Bundesliga ba tare da an doke shi ko sau ɗaya ba, dace ne kawai ya yi da 'yan wasan da aka sayo masa. Ni kuwa zuciyata ba ta kwanta da wannan magana ba, domin na fara ganinsa tun yana ɗan wasan tsakiya a Liverpool, kuma ina ganin akwai abin da ya wuce dace. Mene ne ra'ayinku?

Malam na Tudun Wada:
Wa alaikumus salam, ɗan uwa. Ina ganin abokanka sun manta da halin da ya sami ƙungiyar. Lokacin da aka naɗa shi a watan Oktoban 2022 a madadin Gerardo Seoane, Leverkusen tana ta biyun ƙarshe a teburi bayan wasa 8, kuma da waɗannan 'yan wasan da ya tarar ya kammala kakar a mataki na 6, ya kuma kai wasan kusa da na ƙarshe a gasar Europa, inda Roma ta Mourinho ta fitar da shi. A lokacin babu Granit Xhaka, babu Grimaldo, babu Victor Boniface.

Abin da ya fi burge ni shi ne haƙurinsa. Mutumin da ya ci Kofin Duniya na 2010 da Kofin Nahiyar Turai sau biyu, ya buga wa Sifaniya wasa 114, da ya so da tuni wata babbar ƙungiya ta ɗauke shi saboda sunansa kawai. Amma sai ya fara da yara 'yan ƙasa da shekara 14 a Real Madrid a 2018, sannan ya koma gida yankin Basque ya shafe shekara uku yana horar da ƙungiya ta biyu ta Real Sociedad. Ya haura da ita rukuni na biyu na ƙasar a 2021, ta kuma sake faɗowa a hannunsa a 2022, saboda haka ya ɗanɗana ɗacin faɗuwa nesa da idon duniya kafin ya fita waje.

Bawan Allah Zazzau:
Malam, na yarda da kai, amma kada mu tauye wa Simon Rolfes, daraktan wasanni na Leverkusen, haƙƙinsa, domin shi ne ya kula da cinikin 'yan wasa. Grimaldo kyauta aka same shi bayan kwantiraginsa ya ƙare a Benfica, kuma tsarin 'yan baya uku da Alonso ya yi amfani da shi da bai yi armashi ba in da babu shi a hagu da Frimpong a dama. Boniface namu kuma ya ci ƙwallo 14 a gasar duk da raunin da ya hana shi zuwa Gasar Kofin Afirka.

Malam na Tudun Wada:
Gaskiya ne, hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Sai dai ka dubi abin da ya biyo bayan raunin Boniface a watan Janairun 2024: ƙungiyar ta rasa babban ɗan gabanta na tsawon watanni, amma ba ta sha kashi ba. Ta gama da nasara 28, kunnen doki 6 da maki 90, ta kuma karya lagon Bayern Munich wadda ta jera shekara 11 tana ɗaukar kofin. Ƙwallayen da suka riƙa ci a mintunan ƙarshe sun yi yawan da ba za a ce musu sa'a ba. Alama ce ta 'yan wasan da aka koya wa kada su rikice, su ci gaba da ba wa juna ƙwallo a ƙasa ko da lokaci ya ƙure. Haka Alonso kansa ya riƙa taka leda a ƙarƙashin Benítez da Mourinho da Ancelotti da Guardiola.

Ɗan Kurna:
Na gode ƙwarai, Allah Ya ƙara sani. Zan kai musu batun shekarunsa uku a Sociedad, domin ban taɓa jin ɗayansu ya ambace shi ba. Na san dai za su tuna mini daren 22 ga Mayun 2024 a birnin Dublin, lokacin da Ademola Lookman ya zura ƙwallo uku shi kaɗai a wasan ƙarshe na gasar Europa, Atalanta ta katse jerin wasa 51 da Leverkusen ta yi ba a doke ta ba. A daren nan ina zaune a bencin gaba, rabin zuciyata tana murna da ɗan ƙasarmu, rabi kuma tana jin zafin kocin da nake karewa, har mai gidan kallon ya kashe janareta ban tashi daga wurin ba.