Karayar L1: wace lamba za a sa?

Sadiya: Assalamu alaikum manyanmu. Folda ce a gabana, magini ya faɗo daga tsani, likita ya rubuta L1, wato gaɓar farko ta ƙashin baya a wajen ƙugu, ya karye, hoton ya nuna ƙashin ya lotse ta gaba. A intanet na ga S32.010A, littafin lambobin cututtuka na ofis, wanda muke sa wa folda lamba da shi, kuma S32.0 kawai ya ce. Wacce zan sa?

Malam Habu: Wa alaikumus salam. S32.0. Ki haɗa da W11 saboda tsanin.

Anti Ladi: Ƙanwata, kafin komai ki duba wane littafi manhajarku take bi. S32.010A ta ICD-10-CM ce, tsarin lambobin cututtuka na Amurka, wanda suka soma aiki da shi 1 ga Oktoba 2015. Ta WHO, Hukumar Lafiya ta Duniya, wato ICD-10 mai S32.0, daban. Ni wannan abin ya taɓa cin min mutunci. Bara aka kawo ɗan acaɓa, L1 ɗin nan dai. Na kwafo S32.010A daga waya, akwatin kwamfutar ya ƙi karɓar harafi bakwai, sai na yi dabara na datse wutsiyar, na bar S32.01. A na Amurka 01 ɗin yana nufin gaɓa ta farko. A na WHO kuwa wannan 1 ta ƙarshe tana nufin karaya mai buɗaɗɗen rauni, 0 ce rufaffiya. Wato da hannuna na fasa wa bawan Allah baya a takarda, alhali ko ƙwarzane babu. Kamfanin inshora suka dawo da fom, wai ina bayanin wankin ciwo da ɗinki. Wata biyu kuɗin na rataye, oga ya kira ni gaban ɗaliban da suka zo sanin makamar aiki, takardar tana hannunsa yana kaɗa ta. Har yau in na ga 01 sai gabana ya faɗi.

Bash: Anti Ladi likitar tiyata 😂

Anti Ladi: Bashir, zan zo har ɗakin katinku.

Malam Habu: Shi ya sa na ce S32.0. In manhajar na son harafi na biyar, S32.00. Ko likita bai faɗa ba, rufaffiya ake ɗauka.

Maman Iman: Ƙafafunsa na motsi? Fitsari fa? In jijiya ta taɓu akwai S34, lambar raunin jijiya, a kai, kar ki tsaya a ƙashi kawai.

Sadiya: Yana takawa, Anti. Ciwo ne dai.

Baba Sale: Shekararsa nawa? Ku yaran yanzu da kun ga karaya sai S. Tsohuwa ta zame a banɗaki, ƙashinta dama ya zaizaye, wannan M80 ne. Wani kuma tibi ce ta ci ƙashin bayan, A18.0 da M49.0, mun sha ganinsu.

Bash: Baba, magini aka ce. Daga tsani.

Baba Sale: Na karanta. Don gobe nake faɗa.

Ɗan Gwaggo: Ni matsalata rubutun likitoci. Jiya mu uku muka taru kan folda ɗaya, L1 ne ko L4. Ashe T12 ne, gaɓar da ke saman L1 a wajen ƙirji, S22.0 ke nan gaba ɗaya.

Dakta: Mutum tamanin a layi, ku zo ku yi mana rubutu mai kyau.

Ɗan Gwaggo: Au, Dakta kana nan ashe? Allah ya huci zuciyarka 🙏

Bash: Duk wannan wahalar, ICD-11, sabon tsarin WHO, ta fara aiki tun Janairun 2022 fa.

Malam Habu: In ta iso ɗakin katinmu ka tashe ni.

Maman Iman: Don Allah waɗanda ba su tura kuɗin adashe ba, gobe ne ƙarshe.

Sadiya: Na gwada S32.00 ta shiga. W11 ɗin ce take neman ƙarin lamba.

Anti Ladi: Wurin da ya faɗi take tambaya. In wajen gini ne 6.

Baba Sale: In kuma gidansa yake gyarawa 0 ce. Je ki tambaye shi.